Na'urar Komawa Jiya, Da Darasin Da Ke Garin Suleja

Akwai wata tambaya da yara suke yi wa iyayensu a Agege da Idi-Araba da Sabon Badun da sauran zangunan Kurmi inda mutanenmu suke zaune. Tambayar kuwa ita ce, wai shin gaskiya ne Turawa sun ƙera wata 'yar na'ura, wadda ba ta fi tafin hannu ba, da mutum zai latsa ta ya koma zamanin da ya wuce, ko ya tsallaka zuwa wanda bai zo ba? Yaran sun ga haka ne a finafinan da suke kallo cikin wayoyin hannu. Wani uban yakan yi tsaki ya ce shirme ne. Wani kuwa yakan yi shiru, domin shi ma da zai sami irin wannan na'ura, ya san ranar da zai koma, ya san kuma wanda zai so ya sake gani.

To, jama'a, amsar a taƙaice ita ce, babu wannan na'ura, ƙagaggen labari ne. Amma tambayar yaran ba ta banza ba ce. Idan muka bi ta sannu a hankali, za ta kai mu wani gari na Jihar Neja wanda duk mai hawa Arewa ta hanyar Lakwaja ya san shi, watau Suleja, kana ta dawo da mu kan wani aiki da ke wuyan kowane magidanci da ke zaune a Kurmi.

Yadda Na'urar Ta Ƙanƙance

Wanda ya shahara da wannan tunani wani marubuci ne na Ingila, sunansa H. G. Wells. Cikin 1895 ya buga wani littafi mai suna The Time Machine, watau na'urar zamani. Tasa na'urar babba ce, tana da sirdi da mutum zai hau ya zauna, da hannuwa biyu da ake ja. Jarumin labarin ya hau ta har ya kai shekara ta 802,701, ya tarar 'yan Adam sun rabu gida biyu, waɗansu a bisa ƙasa, waɗansu a cikin ramuka.

Da tafiya ta yi tafiya, sai na'urar ta riƙa ƙanƙancewa a hannun marubuta, kamar dai yadda akwatin rediyo ya sauko daga kan tebur ya shiga aljihu. A cikin littafi na uku na labarin Harry Potter, wanda ya fito cikin 1999, na'urar ta zama ɗan agogon rairayi da wata ɗaliba take ratayawa a wuya. Duk juyi ɗaya yakan mai da ita baya da awa ɗaya, ta haka take halartar darussa biyu a lokaci guda. A cikin 2016 kuma aka yi wani fim a ƙasar Indiya mai suna 24, inda na'urar ta zama agogon hannu, 'yan'uwa biyu tagwaye suka zama abokan gaba a kansa.

Mu ma ba a bar mu a baya ba wajen ƙaga abin al'ajabi. Tatsuniyoyinmu cike suke da layar zana, da zoben da ake murzawa aljani ya fito, da bayin Allah da ake naɗe musu ƙasa. Cikin 1969 Umaru Dembo ya fitar da Tauraruwa Mai Wutsiya, inda aka ɗauki wani yaro aka yi sararin samaniya da shi. Amma idan mai karatu ya lura, galibin labarunmu nisan hanya suke yaƙa. Dalili kuwa a fili yake. Bahaushe bafatake ne tun asali, abin da ya fi damunsa shi ne zango nawa ne tsakaninsa da gida. Yau mota da jirgi da waya sun rage wannan nisa. Nisan da ya rage mana shi ne wanda ke tsakaninmu da zamanin iyayenmu, shi kuwa kullum ƙaruwa yake yi.

Me Masana Suka Ce?

Masana kimiyya sun raba maganar gida biyu, zuwa gaba da komawa baya.

Game da zuwa gaba, wani shaihin malami Bajamushe, Albert Einstein, ya nuna cikin 1905 cewa agogon da ke gudu da sauri yakan yi jinkiri idan aka gwada shi da wanda ke zaune wuri ɗaya. Cikin 1915 ya ƙara da cewa agogon da ke kusa da ƙasa ya fi na can sama jinkiri, saboda ƙarfin jan da ƙasa take da shi. Mutane da yawa sun ɗauki wannan tatsuniya, har sai da aka gwada. A watan Oktoba na 1971 waɗansu masana biyu na Amurka, Hafele da Keating, suka ɗauki agoguna huɗu na musamman, irin waɗanda ba sa kuskure, suka shiga jirgin sama na fasinja da su, suka kewaye duniya ta gabas, suka sake kewayewa ta yamma. Da suka dawo suka gwada su da waɗanda aka bari a ƙasa, sai ga bambanci, daidai yadda lissafi ya nuna.

Wannan lissafi yana aiki a wayar da ke hannunka. Taurarin ɗan Adam da suke nuna wa direba hanya suna shawagi ne a nisan kilomita kamar 20,200 daga ƙasa, agogunansu kuwa sukan riga namu da kashi 38 cikin miliyan na sakan ɗaya a kowace rana. Da ba a gyara wannan ɗan bambanci ba, da taswirar waya ta riƙa kauce wa gaskiya da kilomita wajen goma kullum. Sai dai fa tsallaken ƙanƙane ne ƙwarai. Wani ɗan sama jannati na Rasha, Sergei Krikalev, ya yi kwana 803 a sararin samaniya idan aka haɗa tafiye-tafiyensa. Duk da gudun kumbo, abin da ya riga mu da shi bai wuce kashi ɗaya cikin hamsin na sakan ba.

Komawa baya kuwa, babu wanda ya taɓa yi. Ga ma wata matsala da hankali yake cin karo da ita. A ce mutum ya koma ya hana auren kakansa da kakarsa. To, ba za a haifi ubansa ba ke nan, shi ma ba za a haife shi ba. Wa ya koma ya hana auren? Wani masani na Ingila, Stephen Hawking, ya yi wa abin gwaji na raha. Ran 28 ga watan Yuni, 2009, ya shirya walima a Kambirij domin matafiya daga zamani mai zuwa, amma bai aika goron gayyata ba sai bayan an tashi. Ya zauna ya jira, ko mutum ɗaya bai zo ba.

Abin da Allah ya ba mu dai shi ne gani da ji. Hasken rana yakan yi minti 8 da sakan 20 kafin ya iso mu, saboda haka ranar da kake gani ta ɗazu ce. Taurarin nan da muke kira Kaza da 'Ya'yanta, hasken da ke isowa idonka daren yau ya baro su fiye da shekara 400 da suka wuce. Watau ana iya hangen jiya, ana iya sauraronta, amma ba a iya taɓa ta.

Wanda Ya Farka Ya Tarar An Canja Suna

Kowane Musulmi ya san labarin Ashabul Kahfi, samarin da suka yi barci shekara 309 a cikin kogo. Da suka farka suka aiki ɗayansu gari da kuɗin azurfa ya sayo abinci. Malaman tafsiri sun ce kuɗin nan ne ya tona asirinsu, domin na wani sarki ne da ya daɗe da shuɗewa. Shi ma Krikalev ya ɗanɗana irin wannan. Ya tashi a watan Mayu na 1991 yana ɗan Tarayyar Sobiyet, mutumin birnin Leningrad. Ya sauko a watan Maris na 1992 ya tarar ƙasar ta wargaje, birninsu kuma an mai da shi Saint Petersburg.

Ba sai mun je Rasha ba. A ce wani mutumin Abuja ya sauko Ikko neman kuɗi cikin 1975, bai sake jin labarin gida ba sai yau. Ya je tasha ya ce a kai shi Abuja. Lalle za a kai shi, amma za a sauke shi a wani birni na manyan tituna da dogayen benaye wanda bai taɓa gani ba. Garin da aka yanke masa cibiya yana nan inda ya bar shi, kusa da Dutsen Zuma, amma sunansa Suleja.

Ga yadda abin ya faru. Cikin 1975 Gwamnatin Janar Murtala Ramat Muhammed ta naɗa kwamiti a ƙarƙashin Mai Shari'a Akinola Aguda, domin ya duba ko Ikko za ta ci gaba da zama babban birnin Tarayya. Kwamiti ya ba da shawara a koma tsakiyar ƙasa. Ran 3 ga watan Fabrairu, 1976, aka ba da sanarwar sabon yankin babban birni, mai faɗin murabba'in kilomita wajen 8,000, kuma a ranar ce aka ƙirƙiro Jihar Neja. Kwana goma bayan haka aka kashe Janar Murtala, Allah ya jiƙansa. An yanko ƙasar daga jihohin Neja da Filato da Kwara na wancan lokaci, amma mafi yawanta daga ɓangaren Neja ta fito, watau ƙasar Sarkin Abuja. Bayan ƙasa, sai aka ɗauki sunan ma. Tsohon garin ya koma Suleja, daga sunan Sarkin lokacin, Alhaji Sulaimanu Barau, aka bar masa "ja" ɗin nan na asali a ƙarshe. A Suleja ma'aikatan farko na hukumar gina sabon birni suka yi sansani. Ran 12 ga watan Disamba, 1991, Janar Ibrahim Babangida ya tare a sabuwar Abuja.

Yau ɗimbin ma'aikatan da ba su iya biyan hayar Abuja suna kwana a Suleja da Madalla, su yi sammako su bi ta Zuba. Da yawansu ba su san cewa garin da suke kwana shi ne mai sunan, wanda suke zuwa aiki kuwa aro ya yi ba.

Zazzau Biyu

Shi wannan "ja" daga ina ya fito? A zamanin jihadi, Malam Musa ya zo wa Zariya da tuta. Tarihin Abuja ya sa abin cikin 1804, waɗansu masana kuwa suna kai shi 1808. Bisa ga wannan tarihi, Sarkin Zazzau Muhammadu Makau yana filin Idi a bayan gari aka auka masa, bai sami komawa cikin birni ba. Ya yi kudu da jama'arsa har ya sauka Zuba, a ƙasar Koro. Ya yi ta yaƙe-yaƙe har ya rasu a wajen Lapai cikin 1825. Ƙanensa Abubakar, wanda ake kira Abu Ja saboda hasken fatarsa, ya gaje shi. Cikin 1828 ya kafa gari a gefen kogin Iku, aka sa wa garin sunansa.

Bayan Abu Ja sai Abu Kwaka ya hau cikin 1851, sai Ibrahim cikin 1877, wanda a zamaninsa Turawa suka iso cikin 1902. Daga nan sai Muhammadu Gani, sai Musa Angulu cikin 1917, sai Sulaimanu Barau daga 1944 har zuwa rasuwarsa cikin 1979. Duk tsawon ƙarni na 19 Zariya ba ta ci Abuja da yaƙi ba. Shi ya sa har yau sarautar garin Sarkin Zazzau ake ce mata. Mutanen Makau sun taho da sarautunsu da tsarin fadarsu da al'adunsu, suka dasa su a tsakiyar Gwari da Koro da sauran ƙabilun wurin, suka riƙe su kamar yadda mai ƙaura yake riƙe ƙullin irin da ya taho da shi daga gida.

A nan darasin yake. Sarki Sulaimanu Barau ya yi karatu a Kwalejin Katsina, ya kuma yi aikin malanta kafin ya hau gado. A zamaninsa malamai biyu na garin, Malam Hassan Sarkin Ruwa da Malam Shu'aibu Na'ibi, suka zauna suka rubuta da Hausa abin da tsofaffi suka riƙe a ka: sunayen sarakuna, da yaƙe-yaƙe, da aikin kowane basarake, da yadda ake naɗi da aure da suna. Wani Bature, Frank Heath, ya juya shi zuwa Turanci, aka buga a Badun cikin 1952 da sunan A Chronicle of Abuja.

Sa'ad da wani manazarci ɗan Jamaika, M. G. Smith, ya so ya san yadda ake mulkin Zazzau kafin jihadi, ya tarar a Zariya abubuwa da yawa sun sake. Sai ya dogara da rubutun Malam Hassan na Abuja, ya gina kashin farko na littafinsa Government in Zazzau, wanda ya fito cikin 1960. Ashe ke nan, wanda ya so ya leƙa Zariya ta shekarar 1800, ta Abuja ya bi. Da malaman nan biyu sun ce sai gobe, da tsofaffin sun tafi da abinsu. Matar shi wannan Smith, watau Mary, ita ma ta zauna da wata tsohuwa, Baba ta Karo, tsakanin 1949 da 1950, tana rubuta labarin rayuwarta daga bakinta. Baba ta rasu cikin 1951. Da an yi jinkirin shekara biyu, da babu littafin.

Duba Naira Ashirin

Idan akwai takardar Naira 20 a aljihunka, fito da ita. A gaba ga hoton Janar Murtala, wanda ya sa hannu aka ɗauki ƙasar Abuja. Juya bayanta. Matar nan da ke ginin tukunya ita ce Ladi Kwali, an sa hotonta tun 2007.

An haife ta a Kwali, ƙasar Gwari, ta koyi ginin tukwane tun tana yarinya a wajen 'yar'uwar iyayenta. Sarki Sulaimanu Barau ya riƙa tara tukwanenta a fada saboda kyansu. A can wani Bature maginin tukwane, Michael Cardew, ya gan su cikin 1950. Da Gwamnati ta ba shi aikin kafa makarantar koyar da ginin tukwane na zamani, sai ya zaɓi Abuja. Cikin 1954 Ladi ta shiga, ita ce mace ta farko. Ta koyi aiki da injin juyi da sabon murhu, amma ba ta yar da zanen gida ba: kunama, da kada, da kifi, da ƙadangare, da hawainiya. An nuna aikinta a Landan, ta je Amurka cikin 1972, Jami'ar Ahmadu Bello ta ba ta digirin girmamawa cikin 1977. Ta rasu a Minna cikin 1984. Makarantar tana Suleja, an sa mata sunanta.

Masu iya magana sun ce, tun ran gini ran zane. Tukunya in ta bushe ba ta karɓar zane. An ɗauki Ladi hoton majigi tana aiki tun tana da rai, shi ya sa yau yaron da aka haifa a Fatakwal zai iya ganin yadda take kewaya tukunya da ƙafa tana ja da hannu. Mata nawa ne a ƙauyukan Gwari suka iya irin wannan aiki, suka tafi ba hoto ba suna?

Abin Da Ya Shafe Mu A Kurmi

Wani zai ce, wannan ai zancen sarakuna ne da Turawa, ina ruwan mai sayar da goro a Shagamu ko mai canji a Ikko? Ruwansa kuwa da yawa.

Na farko, 'ya'yanmu. Yaron da aka haifa a Agege ya iya Yarbanci kamar ɗan gari, wannan kuwa abin alheri ne. Amma ranar da zai nemi shiga makarantar gaba ko aikin Gwamnati ko soja, za a ce ya kawo takardar shaidar ƙaramar hukumarsa ta asali. A can za a tambaye shi sunan ƙauyensu da unguwarsu da gidansu, da wanda ya san kakansa. Idan uban ya rasu bai gaya masa ba, sai ya zama a Kurmi baƙo, a Arewa baƙo.

Na biyu, gado. Duk ƙasar da ke kewaye da Suleja ta yi daraja saboda maƙwabtaka da Abuja, haka kuma abin yake a gefen Kano da Kaduna da Sakkwato. Gonar da kaka ya bari, wadda dā ba mai kallonta, yau fuloti ce. Wanda ya san cewa iyakar ta tashi daga kukar nan ta bi ta jikin tsamiya zuwa bakin rafi, tsoho ne ɗaya ko biyu. Idan suka kwanta dama, sai a bar 'yan'uwa da rantse-rantse a gaban alƙali, zumunci ya lalace. Muryar da aka ɗauka ba ta maye gurbin shaidu da takarda a kotu, amma takan nuna wa magada inda za su nemi shaidun, takan kuma kashe gardama tun a zaure.

Na uku, tarihinmu na nan Kurmi. An kafa Sabon Badun cikin 1916, yau fiye da shekara ɗari ke nan. Wani manazarci, Abner Cohen, ya zauna a can ya rubuta littafi a kan fataucin shanu da goro, ya fito cikin 1969. Sauran zanguna fa? Akwai dattawan da suka ga lokacin da ake koro shanu a ƙasa tun daga Arewa, da waɗanda suka yi lodin goro a jirgin ƙasa, da waɗanda suka san wanda ya fara kafa masallacin unguwa da yadda aka sami filin maƙabarta. Ranar da wata rigima ta taso a kan filin zango ko kasuwa, wannan sani shi ne garkuwar jama'a.

Na'urar kuwa tana hannunmu. Tun 1877 Thomas Edison na Amurka ya ƙera abin da ke kama murya. Cikin 1963 kamfanin Philips ya fito da kaset, wanda ya sa rikoda ta shiga kowane shago da kowace motar haya. Albarkacin faifai da kaset ne muke jin Narambaɗa, da Mamman Shata wanda ya rasu cikin 1999, da Ɗanmaraya Jos wanda ya rasu cikin 2015, kamar suna zaune a gabanmu. Waɗansunmu ma sun tuna lokacin da ake ɗaukar saƙo a kaset a ba direba ya kai wa tsohuwa a gida. Wayar yau ta fi rikodar jiya kama murya, ga ta da hoto, ga ta ba ta cin batir takwas.

Yadda Za A Yi

Idan Allah ya kai mu hutun Salla aka hau Arewa, ga shawara.

A fara neman izini. A je wa tsoho da goronsa, a durƙusa a gaishe shi, a ce, "Baba, so nake jikokinka su ji muryarka." Kada a ɗauki kowa a ɓoye. A zaɓi lokacin da ya fi sakewa, da hantsi ko bayan la'asar, a wurin da ba ƙarar inji ko hayaniyar yara. Da an kunna, mai ɗauka ya faɗi kwanan wata da sunan gari da cikakken sunan mai magana.

A yi tambaya gajera, a bar shi ya yi ta zuba. Daga ina kakanmu ya taso, me ya taso da shi? Su wa ya haifa, ina zuriyarsu take? Ina iyakar gona, wa ya shaida? Akwai bashi ko amana ko jingina da ba a warware ba? Idan ya karkata zuwa wani labari, kada a katse shi, sau da yawa a nan gwal ɗin yake. Idan ya faɗi abin da ka ji saɓaninsa, kada ka yi gardama, ka je ka ɗauki na ɗaya tsohon daban.

Tsofaffinmu ba da lamba suke riƙe shekara ba, da abin da ya faru suke riƙewa. Saboda haka a taimaka musu: kafin zuwan Sarauniya cikin 1956 ne ko bayansa? Kafin mulkin kai na 1960? Lokacin yaƙin basasa, 1967 zuwa 1970? Shekarar canjin hannu, 1972, ko ta canjin kuɗi, 1973, da aka bar fam da sule aka kama Naira da kwabo?

Kada a manta da mata. Inna da gwaggo da iya su ne suka san wa ya sha nonon wa, wa ya auri wa, wace ce aka kai riƙo wani gari ba ta dawo ba. Wannan ilmi ne da ke hana auren da shari'a ta haramta, yana kuma dawo da dangin da suka ɓata. Idan tsohuwa tana jin nauyin ɗanta na fari, a tura jika, da shi za ta saki baki har da wasa.

Bayan an ɗauka, kada a bar shi a waya ɗaya. Waya takan faɗi, takan faɗa ruwa, akan sace ta a tasha. A tura wa 'yan'uwa biyu ko uku ta WhatsApp, a juye a memori a adana, kana a sa wani yaro mai kyan rubutu ya kwafe sunaye da iyakoki a littafi, da boko ko da ajami. Tsofaffin kaset da ke ƙasan akwati kuwa a fito da su a juye tun da wuri, domin laimar Kurmi ba ta barin zare. Tsofaffin hotuna a rubuta sunayen mutanen ciki a bayansu, tun akwai mai gane su.

Duk wannan bai fi aikin yini biyu ba, bai kuma ci kuɗin da ya kai na tsarabar da muke ɗauka ba. Kai ma da kake zaune a Kurmi shekara talatin ko arba'in, ka zauna ka faɗa wa 'ya'yanka ranar da ka sauko, da motar da ta kawo ka, da maigidan da ya sauke ka, da abin da ka fara sayarwa. A wurinka tsohon zance ne, a wurin jikanka kuwa shi ne asali.

Malamai suna yi mana gargaɗi game da yawan cewa "da na yi kaza, da kaza ya faru", domin abin da Allah ya ƙaddara ya riga ya wuce, da na sani kuwa ƙeya ce. Ba a umurce mu da gyara jiya ba, ba mu kuma da iko. Abin da ke hannunmu shi ne mu karɓi amanar da ke bakin tsofaffi mu miƙa wa na baya. Mutanen Suleja sun ba da ƙasarsu, sun ba da sunan garinsu, amma labarinsu yana nan, domin waɗansu sun zauna sun rubuta tun masu faɗa suna da rai. Saboda haka idan yaro ya sake tambayarka labarin na'urar komawa jiya, ka gaya masa gaskiya cewa babu ita, sa'an nan ka miƙa masa waya ka ce ya shirya, bana shi zai ɗauki muryar kakarsa.

Allah ya jiƙan magabatanmu, ya ƙara wa tsofaffinmu lafiya, ya kai mu gida ya dawo da mu lafiya. Amin.